Ranar da Uwar Ango Ta Tambaye Ni Ko Na Kalla

An yi mini tambayoyi da yawa a rayuwa, na jarrabawa da na neman aiki da na jami'an filin jirgi, duk sun bi iska. Amma akwai wata guda ɗaya, kalma biyu kacal, da wata tsohuwa 'yar ƙasar Brazil ta yi mini a cikin falona a Al Wukair, can bayan garin Doha, wadda ko zan manta da lambar wayata ba zan manta da ita ba. Shekaru sun shuɗe, furfura ta ci rabin gemuna, amma har yau in abin ya faɗo mini a rai sai in ji kunnuwana sun ɗauki zafi.

Ni injiniya ne a wani kamfanin gas a nan Doha. Aikina shi ne duba bututu, in bi shi gaɓa-gaɓa ina neman inda ya tsage ko inda aka yi walda ta ganin ido. A taƙaice ana biyana albashi ne don in nemo aibi, kuma ba yabon kai ba, na iya. Matata takan ce ko tuwo aka ajiye mini sai na fara laluben gudaji kafin in yi bisimilla. A da ina ɗaukar wannan maganar a matsayin yabo.

A lokacin akwai 'yar yayana a nan, nas ce a wani asibiti. Ranar da za ta taso daga Kano, Yaya ya kira ni ya ce ga amana nan, daga yau ni ne ubanta. Tana zaune a unguwar Bin Mahmud tare da wata abokiyar aikinta don ya fi mata kusa da asibiti, duk Juma'a kuma a gidanmu take wuni. Yarinya ce mai nutsuwa, ta doshi talatin, a gida an ishe ta da maganar aure har ta rage ɗaga waya. Wata Juma'a bayan ta tafi, matata ta zauna kusa da ni tana ta gyara ɗankwalin da babu abin da ya same shi, sai na san akwai magana. Ta ce akwai wanda yake so ya zo ya gaishe ni. Na ce ɗan ina ne? Ta ce ɗan Brazil. Na yi dariya don na ɗauka wasa take yi, na ce ko ƙwallo za mu koma bugawa a gidan.

Ashe da gaske ne. Likita ne mai gasa wa 'yan ƙwallo ƙashi da jijiya in sun ji rauni, kuma ya musulunta shekaru kafin ma su haɗu, don haka babu zancen ya yi don aure. Ranar da ya zo, ya tuɓe takalmi tun daga ƙofa, ya durƙusa har ƙasa ya ce, "Baffa, ina wuni," da wata irin Hausa mai santsi da ta nuna an kwana biyu ana yi masa bita. Sauran hirar da Turanci muka yi. Na tambaye shi iyayensa. Ya ce mahaifinsa ya rasu tun yana ƙarami, mahaifiyarsa ce ta rene shi ita kaɗai a São Paulo. Ya ce tela ce, amma da ƙuruciyarta ta yi fim. Na gyaɗa kai na wuce wurin. Abin da ya zo mini a rai shi ne irin iyayen nan na fina-finanmu na gida, waɗanda ke zaune a kan kujera da carbi suna yi wa 'ya'ya faɗa.

Na kira Yaya na faɗa masa. Yaya malamin makaranta ne da ya yi ritaya, mutum ne mai sanyin magana amma in ya kafe ya kafe. Ya ce shi bai san Brazil ba sai a ƙwallo, kuma ba zai hana 'yarsa auren Musulmi don launin fata ko nisan gari ba, amma ba a aure sai da bincike. "Kai ne idona," in ji shi. "Duk abin da ka gani ka faɗa mini, kada ka rage komai. Abin da ka gani shi zan yi hukunci da shi."

Duk wanda ya taɓa aurar da 'ya ya san yadda ake yi. A gida sai a tashi mutum ya je unguwar su yaro, ya zauna wurin mai shayi, ya yi salla a masallacinsu, ya bi ta kan tsofaffi yana tambaya a kaikaice ko gidan mutunci ne, ko akwai wani abin kunya a dangi. Ba yaron kaɗai ake bincika ba, har tushensa. Ɓangaren yaron bai ba ni wahala ba. Na je masallacin da yake salla, ladan ya ce ko Asuba ba ta wuce shi. Na yi sa'a mai gadin benen da yake zaune Bahaushe ne ɗan Gusau, na ja shi gefe. Ya ce, "Wallahi Alhaji, shekara biyu ina wannan get ɗin, daga duti sai masallaci sai wurin motsa jiki. Ko baƙo namiji ba kasafai yake yi ba. Khalas, magana ta ƙare, ka ba shi kawai." Wani mai hankalin da a nan ya tsaya. Ni kuwa sai na ji kamar na duba rabin bututu na sa hannu a takarda. Saura tushe, ga shi babu unguwar da zan je, babu mai shayin da zan zauna wurinsa.

Abin da nake da shi kawai takardun da ya kawo mini na shirin ɗaurin aure a kotu, a ciki akwai cikakken sunan mahaifiyarsa. Wata Alhamis bayan Azahar na tashi aiki da wuri, na zauna a mota a wurin ajiye motoci, na kunna sanyi, na rubuta sunan a waya. Ina tsammanin in ga shagon ɗinki. Sai ga tsofaffin hotunan tallar fim masu launi ja da rawaya, irin waɗanda mutum zai waiwaya ya ga ko akwai mai leƙen wayarsa. Na sami wani dogon rubutu na sa waya ta fassara mini. Ashe a shekarun da sojoji ke mulkin ƙasarsu an yi yayin wasu fina-finai na barkwanci da aka cakuɗa da tsiraici, masu arhar shiryawa, kuma su ne suka riƙa cika gidajen sinima. Sunanta yana cikin jerin 'yan wasan guda huɗu daga ciki.

A daidai nan bincikena ya kammala. Na san abin da ya kamata in sani, babu abin da ya rage wanda Yaya yake bukata. Na sha maimaita wa kaina wannan a shekarun da suka biyo baya, don ita ce gaskiyar da na fi ƙin ji. A ƙasan rubutun akwai wurin da za a latsa a ga fim ɗin. Na latsa, sai ga shafin nan da ke fitowa a ƙasar nan yana sanar da kai cewa an toshe wannan wuri. Wato har hukuma ta tare ni a hanya ta ce in koma. Amma ina da wata manhaja a waya ta zagaye irin wannan shinge, wadda na saka tun lokacin da kiran gida yake ba mu wahala. Na ce wa kaina ai suna yakan zo ɗaya, bai kamata in ɓata sunan baiwar Allah ba tare da na tabbatar ita ce ba. Kun ji fa irin adalcina. Na kunna.

Ban yi minti ɗaya ba na tabbatar ita ce, don hancinta da yadda take ɗaga gira sak na ɗanta. Amma ban kashe ba. Ba zan ba ku labarin abin da ke ciki ba, ya isa in ce fim ne na wauta, wani magidanci yana ta ɓuya a cikin kabad, ana ta guje-guje a tsakanin ɗakuna, ga kuma abin da ido bai kamata ya gani ba. Ina zaune ina tsaki ina Allah wadai, idona kuma yana kan waya. Kiran sallar La'asar daga masallacin da ke bayan wurin ne ya sa na kife ta a kan kujera. Na yi alwala na shiga sahu, ina jin haushin matar nan kamar ita ta zo ta buɗe mini mota ta danna mini wayar a hannu.

Da na koma gida na faɗa wa matata cewa aure ya lalace, na zayyana mata irin fina-finan da uwar yaron ta yi. Ta yi salati ta zauna. Can sai ta ɗago ta ce, "To kai Injiniya, ta yaya ka san har da ɓuya a kabad?" Na ce karantawa na yi. Ta dube ni na ɗan lokaci, ta ce to, ta tashi ta shiga kicin.

Washegari Juma'a 'yar yayana ta zo. Ban iya yi mata maganar kai tsaye ba, sai matata ce ta ja ta ɗaki. Ta fito idonta jawur, ta durƙusa a gabana ta ce ta sani, tun farkon haɗuwarsu ya faɗa mata komai. Na ce shi ne kika rufe ni? Ta ce, "Baffa, da wane bakin zan faɗa maka irin wannan magana?" Ta ce ita dai shi ta gani, ba ta taɓa ganin mutum mai tsoron Allah da tausayi kamarsa ba, in an raba su za ta yi biyayya amma kada a sake kawo mata maganar wani. Ba ta ɗaga murya ba. Na san jinin Yaya ne, abin da ta faɗa haka za ta yi.

Na nemi yaron muka haɗu a wani tsohon shagon shayi a unguwar Al Asmakh. Na tafi da shirin wanda ya kama ɓarawo. Na fara kewaye-kewaye irin namu, ina maganar muhimmancin asali, da yadda ɓoye-ɓoye ke rusa aure, na kai kusan rabin awa shayina ya huce. Ya saurare ni da ladabi, sannan ya ce, "Baffa, maganar fina-finan mahaifiyata ce? Ai na faɗa maka tun ranar farko cewa ta yi fim. Na jira ka tambaye ni wane iri, ba ka tambaya ba, ni kuma na ji nauyin in fara."

Sai ya yi mini bayanin da ya ɗaure mini kai. Ya ce a ƙasarsu wannan ba wani ɓoyayyen abu ba ne da ake tonowa. Ba a lungu ake nuna fina-finan ba, a manyan sinimomin tsakiyar gari ne, da rana tsaka, kowa ya san su. Wasu daga cikin matan da suka fito a ciki daga baya sun zama manyan taurarin wasannin talabijin da ake kallo da iyali. Bayan shekaru gidajen talabijin sun riƙa maimaita su, yau har a jami'a akwai masu nazarinsu a matsayin tarihin ƙasa. Ya ce wani lokaci direban tasi mai furfura yakan gane mahaifiyarsa ya gaishe ta da murna. Na ce wato ku a wurinku ba abin kunya ba ne? Ya yi wani murmushi marar daɗi. Ya ce a baki ba abin kunya ba ne, amma shi ya san sau nawa aka fasa masa baki a makaranta saboda yara suna kwaikwayon abin da iyayensu maza suka faɗa a kan uwarsa. Ƙasa ce da ke tafa wa mace a majigi, in ji shi, ta kuma nuna ta da baki in ta zo wucewa.

Na tambaye shi shi me ya gani game da fina-finan. Ya ce, "Ban taɓa kallo ba, Baffa. Ko kafin in musulunta. Abokai sun sha kawo mini don su ga yadda zan yi, nakan tashi in bar wurin. Uwata ce." Na ɗauki kofin shayina mai sanyi na kurɓa don in sami abin yi da fuskata. Ya ce nan da mako uku za ta zo Doha, tana so ta gaishe da dangin yarinyar, in na yarda.

Makonni ukun nan ban ji daɗinsu ba. Yaya ya kira sau biyu, na ce ana kan bincike. In na faɗa masa, na san auren ya mutu, yarinya kuma ta rufe ƙofa. In na ɓoye na ci amana, kuma ɓoyon ma ba zai yi ƙarko ba, tunda a danginmu akwai matasan da in ka ba su suna kafin ka gama shan ruwa sun kawo maka hoton kakan mutum. Na yanke cewa zan karɓi baƙuwa don mutunci, in ta tafi in kira Yaya in ce a haƙura.

Ranar Asabar suka zo cin abincin rana. Ban san me nake tsammanin gani ba, amma ba wannan ba. Wata 'yar tsohuwa ce ƙarama, gashi fari fat, tana ɗingisa ƙafa ɗaya, ta yafa wani gyale da ta saya don girmama mu, yana ta zamewa tana ta mayarwa. Ta kawo wa 'yar yayana doguwar riga mai dogon hannu da ta ɗinka da kanta, daga hoto kawai ta ƙiyasta awon, kuma ta zauna mata cif. Ba ta jin Turanci sai kaɗan, ɗanta ne ke fassara. Matata ta yi tuwon shinkafa da miyar kuɓewa, tsohuwa ta ga kuɓewa ta tafa hannu ta ce ai su ma suna ci, ta ajiye cokali ta sa hannu kamar yadda ta ga muna yi. Kafin a gama cin abinci ita da matata sun fara hira da hannu da dariya ba tare da tafinta ba.

Ni kuwa na kasa kallon fuskarta. Na kalli kwano, na kalli labule, na kalli agogon bango. Duk sanda ta ɗaga gira sai in ga waccan yarinyar ta cikin waya. Na ɗauka ba a lura ba, tunda kawar da kai daga mace ba baƙon abu ba ne a wurinmu.

Da matata da 'yar yayana suka kwashe kwanuka suka shiga kicin, sai tsohuwa ta gyara zama ta dafa gwiwar ɗanta, ta ce ya fassara duk abin da za ta faɗa, kada ya gyara mata magana. Ta ce ta san na san labarinta, kuma gara in ji daga bakinta. Tana aiki a masaƙa wani mutum ya gan ta a tashar bas ya ce ta zo a gwada ta a fim. Ta ce ba za ta yi mini ƙaryar cewa yunwa ce kaɗai ta kai ta ba. Talauci akwai shi, amma kuma tana da kyau, ta san tana da shi, tana so ta ga fuskarta ta cika bango. Ta ce a lokacin akwai jami'in gwamnati da ke tace fim, a ɗaya daga cikin nata ya yanke wurin da wani ya yi ƙorafin tsadar wake, ya bar wurin da take wanka. Ta yi 'yar dariya, ta ce sojoji sun fi tsoron wake.

Sannan murmushin ya ɗauke. Ta ce sinima takan cika maƙil da magidanta ɗaure da laƙataye a wuya, suna shiga a lokacin hutun cin abinci, su fito su koma ofis. Ta taɓa yin saurayi har an sa rana, uban saurayin ya gan ta ya ce ɗansa ba zai auri irinta ba. "Ka san yadda aka yi ya gane ni?" in ji ta. "Ya sayi tikiti ya shiga." Da harkar ta fara komawa abin da ya fi haka muni sai ta bari, ta sayi keken ɗinki, daga baya ta auri mahaifin yaron. Ta ce ba ta alfahari da abin da ta yi, amma kuma ba ta zo ta yi mini kuka ba, tsakaninta da Ubangijinta ne kuma sun daɗe suna maganar. Abin da ya kawo ta ɗaya ne, kada abin da aka yi mata a kan uban saurayi a sake yi wa ɗanta a kanta.

Sai ta faɗi wata gajeriyar magana tana kallona. Yaron bai fassara ba. Ta maimaita, ta bubbuga masa gwiwa. Ya sunkuyar da kai yana kallon kafet, murya can ƙasa ya ce, "Baffa, ka yi haƙuri. Wai ta ce, ka kalla?"

Ƙaryar tana nan a shirye a bakina, wadda na riga na gwada a kan matata. Kuma na san in na faɗe ta babu mai ƙaryata ni. Amma yaron da ke zaune a gabana, wanda duk garinsu sun kalla shi ya ƙi, shi ne zai ɗauki ƙaryar tawa da bakinsa ya miƙa wa uwarsa. Na ji ba zan iya ba. Na ce, "Na kalla." Ban san abin da ya sa na ƙara ba, na ce, "Ba kaɗan ba. Har aka kira salla."

Bai fassara ba, ba ta kuma bukaci ya fassara ba. Ban taɓa jin na ƙanƙance a gaban mutum kamar ranar ba, a cikin gidana, a kan kujerata, ni da na zauna don in yanke wa wasu hukunci. Tsohuwa ta gyaɗa kai a hankali, babu fushi a fuskarta, kamar dai ta ji abin da ta daɗe da sani. Ta yi magana, wannan karon ya fassara. Ta ce wadda na gani yarinya ce 'yar ashirin da 'yan kai, ta daɗe da tafiya, ita kanta ba ta cika tuna ta ba. "Tun da na shigo kake kallon labule," in ji ta. "Na yi tafiya mai nisa da wannan ƙafar don dangin matar ɗana su gan ni. Ka kalli waccan, yanzu ka kalli wannan."

Na ɗago na kalle ta. Tsohuwa ce kawai, mai tamoji a goshi da tabon allura a yatsu, gyalenta ya sake zamewa. Na ce, "Mama, ki yafe mini." Na juya ga yaron na ce shi ma ya yafe mini. Ya ce Allah ya yafe mana baki ɗaya. Da na waiwaya sai ga matata tsaye a bakin ƙofa da farantin kankana, ban san tun yaushe take wurin ba. Kwana biyu ba ta yi mini wata doguwar magana ba. A na uku ta ɗauki wayata ta goge manhajar nan da hannunta, ta ce in ina son kiran gida ga tata.

A ranar Asabar ɗin, da baƙin suka tafi, bayan La'asar, na kira Yaya. Ya ce kada in rage komai, don haka ban rage ba. Na faɗa masa abin da ladan ya ce da abin da mai gadi ya ce, na faɗa masa sana'ar uwar a da da ta yanzu, da cewa ɗanta bai taɓa kallo ba. Sannan na faɗa masa abin da ni na yi a mota, da tambayar da ta yi mini. Ya saurare ni har na gama. Sannan ya ce, "Bincike na sa ka, ban sa ka kallo ba." Ya kashe waya.

Wata biyu bai sake tayar da maganar ba. In mun gaisa iyakarmu lafiyar iyali. Yarinya ta rame, ta daina zuwa ranar Juma'a, ni kuma na ɗauka na kashe auren na kuma zubar da girmana a banza. Sai wata safiya ina shirin fita ya kira. Ya ce ya yi istihara, ya yi shawara da wanda ya yarda da iliminsa, kuma abin bai kwanta masa duka ba, ba zai ɓoye mini ba. "Amma na yi ta juya magana ɗaya," in ji shi. "Yaron da duk gari ke kallon uwarsa shi ya runtse ido, ya kuma riƙe ta bai gudu ba, ina ganin zai iya rufa wa 'yata asiri. Ka ɗaura."

An ɗaura. Ba kowa ne ya yi murna ba. Kamar yadda na zata, matasan dangi sun tono labarin kafin biki, wata gwaggonmu har ta rasu ba ta sa albarka ba, akwai kuma waɗanda har yau in an ambaci yarinyar sai sun taɓe baki. Nakan so in tambaye su ta yaya suka san abin da suka sani, amma ni ne mutum na ƙarshe da ya isa ya yi wannan tambayar.

Bayan shekara biyu Allah ya ba su 'ya mace. Uban ya ce sunan mahaifiyarsa yake so a sa, kuma aka yi dace sunan irin wanda mu ma muke sawa ne. Da yake Yaya yana nesa, ni aka miƙo wa jaririyar a asibiti in yi mata huɗuba. Tsohuwa tana kallo ta waya daga São Paulo, an jingina wayar da kwalbar ruwa. Na karɓi yarinya, na kai bakina kunnenta, na yi kiran salla, sannan na raɗa mata sunan nan da na taɓa rubutawa a waya a cikin mota. A gidanmu Mama muke kiranta, yanzu har ta shiga makaranta, kuma tana ɗaga gira irin na kakarta.

Ra'ayina a kan waɗancan fina-finai bai canja ba, ɓarna ce, kuma ba zan so wani nawa ya kusance su ba. Abin da ya canja shi ne na daina ganin ɓarnar a gefe ɗaya. Da babu masu sayen tikiti da ba a yi ko ɗaya ba, kuma ni ma na shiga layin, shekaru da yawa bayan an rufe sinimar. Har yau ana sa ni binciken aure, don an san ni da bin diddigi, kuma ina yi tsakani da Allah. Sai dai na koyi tsayawa a inda sani ya ishe ni. In kuma na gano aibin wani, kafin in kai rahoto nakan fara tambayar kaina ta wace ƙofa na shiga har na gan shi.